Neman tabbatar da ma'aikatan wucin gadi na hukumar birni: matakan da ake bi da iyakar hurumin mai sauraron koke

Kusan kowace hukumar birni ko ƙaramar hukuma tana da ma'aikata iri biyu a kan aiki guda. Ga mai sharar titi da sunansa ke cikin jerin ma'aikatan dindindin, yana da matakin albashi, hutu da fansho. Ga wani kusa da shi riƙe da irin tsintsiyarsa, kuɗin yini ake ba shi, ba shi da takardar ɗauka, kuma da baki kawai ake iya ce masa kada ya zo gobe. Haka abin yake ga masu yashe magudanar ruwa, masu gadi, masu kula da lambuna, direbobin motocin shara da masu yankar rasit a kasuwa. Idan shekaru suka tura, na biyun yakan nemi a tabbatar da shi, wato a mayar da shi na dindindin, daga nan rigima ke somawa.

Da yawa daga cikin irin waɗannan ƙararraki ba rashin gaskiya ke kayar da su ba. An kai kuka ne inda ba a da hurumin share hawaye, kafin a farga wa'adin zuwa inda ake da hurumin ya wuce. Ofishin da aka fi yin wannan kuskure a kansa shi ne na mai sauraron koken jama'a, wanda duniya ta sani da ombudsman, saboda kyauta yake aiki kuma ba ya buƙatar lauya.

Mataki na farko: ku san a wane matsayi aka ɗauke ku

Kafin a rubuta ko layi ɗaya, kowane ma'aikaci ya amsa tambayoyi huɗu. Wa ya ɗauke shi, kuma yana da ikon ɗauka? Wa ke biyansa, daga wane asusu? Wa ke ba shi umarni kullum, wa ke iya hukunta shi? Aikin da yake yi mai ƙarewa ne, ko kuwa muddin birnin na nan aikin na nan?

Amsoshin sukan raba mutane gida uku: wanda hukuma ta ɗauka kai tsaye a kan kuɗin yini, wanda ke kan kwangilar 'yan watanni ana ta sabuntawa, da wanda ya shigo ta hannun ɗan kwangila. Kada a zuba su a ƙara ɗaya, domin raunin wani zai ja ƙarfin wani ƙasa. Na ukun ya fi kowa aiki a gabansa, sai ya fara nuna cewa hukumar ce ainihin uwar ɗakinsa. Shawara ta 198 ta Ƙungiyar Ƙwadago ta Duniya, ta shekarar 2006, ta ce a duba yadda aikin ke gudana a zahiri, ba sunan da aka laƙaba masa a takarda ba. A Afirka ta Kudu, Kotun Tsarin Mulki ta yanke a shari'ar Assign Services ta 2018 cewa ma'aikaci mai ƙaramin albashi da kamfanin samar da ma'aikata ya tura wani wuri, idan ya haura wata uku, wurin da yake aikin ne ake ɗauka a matsayin mai aikinsa a ƙarƙashin dokar hulɗar ƙwadago.

Mataki na biyu: ku gano wace irin doka ke aiki a kanku

Dokokin ƙasashe sun kasu biyu a kan wannan batu, kuma duk dabarar ƙara a kan wannan rabuwar take tsayawa.

Kashi na farko su ne dokokin da ke ƙirga lokaci. A Ghana, sashe na 75 na Dokar Ƙwadago ta 2003 ya ce ma'aikacin wucin gadi da ya yi wata shida ko fiye a jere a hannun mai aiki ɗaya, a ɗauke shi tamkar na dindindin. A Afirka ta Kudu, sashe na 198B da ya fara aiki a Janairun 2015 ya hana a riƙe mai ƙaramin albashi a kwangilar wa'adi fiye da wata uku sai da dalili karɓaɓɓe, in babu dalilin kwangilar ta zama marar wa'adi. A Birtaniya, ƙa'idojin 2002 sun sa shekara huɗu na kwangiloli a jere kafin a ɗauki mutum a matsayin na dindindin. A Kenya, sashe na 37 na Dokar Aiki ta 2007 yana mayar da leburan da ya yi aiki a jere na tsawon wata ɗaya, ko aikin da ba zai ƙare ba kafin wata uku, ya zama mai albashin wata da haƙƙoƙin da doka ta tanada. A lura, wannan sauyin na Kenya ba shi ne zama ma'aikacin fansho ba. Kuma kowace daga cikin dokokin nan tana da ƙofar fita. A Afirka ta Kudu, misali, aikin da aka ba mutum a ƙarƙashin shirin gwamnati na samar da aikin yi, ko gurbin da wata kafa ta waje ke biya na ɗan lokaci, suna cikin dalilan da doka ta karɓa, kuma a nan hukumomin birni kan fake.

Kashi na biyu su ne ƙasashen da ke cewa aikin gwamnati na kowa ne, don haka ba a shigarsa sai ta ƙofar da aka buɗe wa kowa. Indiya ce ta fi zurfafa wannan. A Afrilun 2006 alƙalai biyar na Kotun Ƙolin ƙasar suka yanke shari'ar Umadevi, wadda ta taso daga jihar Karnataka. Suka ce daɗewa a kan kuɗin yini ba ta ba mutum haƙƙin a tabbatar da shi, domin sassa na 14 da 16 na tsarin mulki sun ba kowane ɗan ƙasa damar neman gurbin, kuma wanda ya shiga ta bayan gida ya tare wa wasu hanya. Amma a sakin layi na 53 sun bar kafa ɗaya: a yi tabbatarwa sau ɗaya tak ga wanda ya cika sharuɗɗa huɗu. Ya yi shekara 10 ko fiye. Ba umarnin kotu ne ya riƙe shi a kan aikin ba. Gurbin da yake kai amintacce ne a tsarin ma'aikatan hukumar kuma babu kowa a kai. Yana da takardun karatun da gurbin ke buƙata.

Nan ne bambanci tsakanin ɗaukar da ta kauce wa tsari da haramtacciyar ɗauka ya shigo, kuma Kotun ta ƙara fayyace shi a shari'ar Kesari ta 2010. Idan akwai gurbi, mutumin ya cancanta, sai dai ba a tallata aikin ba, to an kauce wa tsari ne, ana iya gyarawa. Idan babu gurbin kwata-kwata, ko mutumin bai cancanta ba, ɗaukar haramtacciya ce, shekara 20 ma ba ta wanke ta.

Hukumomi sun daɗe suna riƙe Umadevi a matsayin garkuwa, har Kotun ta ja musu kunne. A shari'ar Jaggo ta Disambar 2024, da ta Shripal ta Janairun 2025 wadda ta shafi masu kula da lambuna na hukumar birnin Ghaziabad, ta ce ba a yi wancan hukuncin don a riƙa bautar da mutane shekara da shekaru a kan aikin da ba ya ƙarewa ba. A ta Shripal ta umarci a mayar da su bakin aiki, a biya su rabin albashin da suka rasa, a kuma fara bin tsarin tabbatar da su. Darasin ga kowace ƙasa shi ne, yawan shekaru kaɗai ba ya cin ƙara. Sai an haɗa shi da shaidar cewa aikin na kullum ne, da kuma yadda gurbin yake.

Mataki na uku: tara hujja, tun kafin hukuma ta ji ƙishin-ƙishin

Nauyin tabbatar da tsawon aiki yakan faɗa kan ma'aikaci, alhali takardun suna hannun hukuma. Takardar rantsuwa da ke cewa "na yi shekara goma sha biyu" ba ta isa ba. Abin da ke aiki shi ne rajistar da shugaban leburori ke kiran suna da safe, baucan biya mai sa hannu ko dangwalen yatsa, bayanan asusun banki da ke nuna sunan mai turo kuɗin, katin shaida, jadawalin raba unguwanni, takardar karɓar kayan aiki daga sito, har ma da takardar gargaɗi ko tuhuma. Takardar tuhuma hujja ce mai ƙarfi, domin ba a tuhumar wanda ba a da iko a kansa.

A yi wa kowane mutum jadawali nasa: shekara, wata, kwanakin da ya yi aiki, kuɗin da aka biya shi, da takardar da ke tabbatar da kowane layi. Inda aka sami giɓi, a rubuta dalilinsa. Wannan ne ke tona dabarar yanke aiki da gangan, inda ake ba mutum kwangilar kwana 89, a ce ya zauna gida kwana ɗaya ko biyu, sannan a sake ba shi wata. Idan jadawalin ya nuna duk ma'aikatan sashe ɗaya sun "huta" rana ɗaya, sun dawo rana ɗaya, kuma shara ba ta taɓa kwana a titi ba, alƙali zai gane giɓin na takarda ne kawai.

Takardun da suka fi muhimmanci su ne waɗanda ma'aikaci bai taɓa gani ba: tsarin guraben ma'aikata da aka amince da shi, jerin guraben da babu kowa, kasafin kuɗin albashi, da bayanan zaman majalisar birni inda aka tattauna batun. Ana neman su ta dokar 'yancin samun bayanai. A Indiya dokar 2005 ta ba hukuma kwana 30 ta amsa, a Najeriya dokar 2011 ta ba da kwana 7. Idan kuma an taɓa tabbatar da wasu da suka shigo bayanku, ku nemi sunayen gurabensu da ranakun, domin nuna bambanci hujja ce mai zaman kanta.

Wani ruɗu da ya kamata a kawar: kwana 240 da ake yawan ambata a shari'o'in Indiya ba tikitin tabbatarwa ba ne. A tsohuwar dokar rikicin ƙwadago ta ƙasar ta 1947, wanda ya cika kwana 240 cikin wata 12 ya sami kariya ce daga sallama ba tare da sanarwar wata ɗaya da diyyar kwana 15 a kan kowace shekara ba.

Mataki na huɗu: ku nema a rubuce

A rubuta wa shugaban ma'aikatan hukumar da kuma hukumar da ke da ikon ɗauka, in daban suke. A ambaci doka ko sanarwar gwamnati da aka dogara da ita, a haɗa jadawalin, a ba da wa'adin amsa, a karɓi kwafi mai hatimi da kwanan wata. Alƙawarin baki na shugaban hukuma ko kansila ba ya ɗaure kowa, kuma sau da yawa ko ƙudurin majalisar birni ba ya ƙirƙirar gurbi sai gwamnatin da ke sama ta amince.

Mataki na biyar: ku karanta dokar mai sauraron koke kafin ku je wurinsa

An kafa wannan ofishi ne, tun daga Suwidin a 1809, don binciken rashin kyawun gudanarwa: jan ƙafa, ƙin ba da amsa, ɓatar da fayil, son kai, ƙin bin ƙa'idar da hukuma ta gindaya wa kanta, cin hanci. Aikinsa ya tsaya tsakanin hukuma da jama'ar da take yi wa hidima. Rikicin mai aiki da ma'aikacinsa kuwa yana da nasa zauren, shi ya sa dokoki da dama suka cire shi ƙarara.

A Ingila, Dokar Ƙananan Hukumomi ta 1974 ta hana mai sauraron koken ƙananan hukumomi taɓa abin da ya shafi ɗauka, sallama, albashi, ladabtarwa da fanshon ma'aikata. A Pakistan, dokar 1983 da ta kafa Wafaqi Mohtasib, mai sauraron koke na tarayya, ta hana shi karɓar koken ma'aikacin gwamnati a kan abin da ya shafi aikinsa a ma'aikatar da yake ko ya taɓa zama. A jihar Karnataka ta Indiya, dokar 1984 ta Lokayukta, wato mai sauraron koken jihar, ta cire ɗauka, sallama, albashi da sauran sharuɗɗan aiki, amma ta bar ƙofa ga fansho, garatuti da kuɗaɗen da ke biyo bayan barin aiki. Wannan togaciyar tana da amfani ga wanda aka sallama aka riƙe masa haƙƙinsa.

Wasu ƙasashen ba su rufe ƙofar gaba ɗaya ba. Hukumar Karɓar Ƙorafe-ƙorafen Jama'a ta Najeriya, wadda aka kafa a 1975, tana karɓar koken ma'aikata. Sai dai dokarta ta hana ta binciken abin da ke gaban kotu, ko abin da ya wuce wata 12 da faruwa, ko wanda mai shi bai bi hanyoyin da ke buɗe gare shi ba, kuma shawara take bayarwa. Sashe na 254C na tsarin mulkin ƙasar Kotun Ma'aikata ta Ƙasa ya ba hurumin shari'ar aiki.

Don haka a yi wa dokar tambayoyi biyar. Shin ta shafi hukumar birni, ko gwamnatin tarayya kaɗai? Ta cire batun ma'aikata? Mene ne wa'adinta? Tana hana koke idan akwai kotun da za a iya zuwa? Abin da ofishin ke fitarwa shawara ce ko umarni? Tambaya ta ƙarshe ma amsarta ta bambanta. A Afirka ta Kudu, Kotun Tsarin Mulki ta yanke a Maris ɗin 2016 cewa matakin gyara da ofishin mai kare jama'a (mai sauraron koken ƙasar) ya gindaya dole ne a bi shi sai in kotu ta soke. A wurare da yawa kuwa hukuma tana iya karanta rahoton ta ajiye.

Akwai wata hujja da lauyoyi kan kawo: tunda hukuma ta ce leburan ba ma'aikacinta ba ne, to haramcin da ya shafi ma'aikata bai hau kansa ba. Dabara ce mai kaifi biyu. Duk abin da kuka rubuta wa mai sauraron koke cewa ku ba ma'aikata ba ne, gobe hukuma za ta ɗaga shi a gaban kotun ƙwadago.

Yadda ake rubuta koken da zai shiga

Bambancin yana cikin abin da aka roƙa. Koken da ya ce "muna roƙon a umarci hukuma ta tabbatar da mu" ya nemi abin da ofishin ba shi da shi. Wanda ya ce "mun miƙa buƙatarmu ranar kaza, ga hatimin karɓa, sanarwar gwamnati ta ce a tantance cikin wata kaza, har yau ba kwamiti ba amsa, muna roƙon a binciki jinkirin a sa hukuma ta yanke shawara a rubuce da dalilanta" ya tsaya cikin hurumi. Haka nan koke a kan sunayen bogi a jerin waɗanda za a tabbatar, ko karɓar kuɗi kafin a sa suna, ko ɓacewar rajista.

Ribar wannan hanya ita ce takarda. Mai sauraron koke yana da ikon kiran fayil, kuma amsar da hukuma ta ba shi a rubuce, cewa mutum kaza yana aiki tun shekara kaza, ta zama iƙirarin da za a iya kai wa kotu. Ko amsar ƙi ce aka samu, an sami abin ƙalubalanta.

Wani lokaci ofishin kan ji tausayi ya zarce iyakarsa, ya ba da umarnin a tabbatar da ma'aikata. Wannan nasara ba ta daɗewa. Hukuma za ta garzaya babbar kotu, kuma kotun ba za ta duba ko ma'aikatan na da gaskiya ba, hurumi kawai za ta duba. Umarnin da aka bayar ba tare da hurumi ba tamkar ba a bayar ba ne, ko da hukumar ta halarci zaman ba ta yi gardama ba, domin yardar ɓangarori ba ta haifar da hurumin da doka ba ta bayar ba. Shekarun da aka ɓata a nan su ne asarar gaske.

Mataki na shida: kotun ƙwadago, da agogon da ba ya tsayawa

Kai koke ga mai sauraron koke ba ya dakatar da wa'adin shigar da ƙara, sai in doka ta faɗi haka a fili. Wa'adin shari'ar aiki kuwa gajere ne. A Afirka ta Kudu kwana 30 ne a kan sallama, kwana 90 a kan rashin adalci a wurin aiki. Rana ta farko a rubuta ranar da wa'adin zai cika a bangon fayil. Idan ta matso ofishin bai gama ba, a shigar da ƙara, ko da hakan zai sa ya rufe nasa binciken.

Zaɓen kotu ma yana da tasiri. Babbar kotu mai duba ayyukan gwamnati takardu take karantawa, ba ta cika sauraron shaidu ba, don haka ba ta dace da inda ake musun kwanaki ba. Kotun ƙwadago tana kiran shugaban leburori a yi masa tambayoyi, tana umartar a kawo rajista, kuma idan hukuma ta ƙi kawowa bayan an umarce ta, ana iya fassara ƙin a kanta. A shari'ar Casteribe ta 2009, Kotun Ƙolin Indiya ta ce Umadevi bai ƙwace ikon kotunan ƙwadago na jihar Maharashtra na ba da matsayin dindindin ba idan an tabbatar cewa an riƙe mutane a wucin gadi shekaru don a hana su haƙƙi. Amma kotu ba ta ƙirƙirar gurbi, wannan aikin gwamnati ne.

A jera buƙatu hawa-hawa, kada a rataya komai a ƙugiya ɗaya. Na sama, a bayyana cewa aikin na dindindin ne. In hakan bai samu ba, a umarci hukuma ta duba su a ƙarƙashin tsarin da ke akwai cikin wa'adi ƙayyadadde. In bai samu ba, a biya su daidai da takwarorinsu, kamar yadda Kotun Ƙolin Indiya ta yanke a shari'ar Jagjit Singh ta 2016 cewa na wucin gadi mai aiki iri ɗaya ya cancanci mafi ƙarancin matakin albashin na dindindin. Sai sassaucin shekaru da maki na ƙwarewa idan an tallata guraben. Na ƙarshe, diyya.

Ranar da aka shigar da ƙara a nemi umarnin hana sallama, domin martanin da aka fi sani shi ne a daina kiran sunan masu ƙara a rajista, ko a miƙa sashen ga ɗan kwangila. Sai dai a sani, inda ake bin ƙa'ida irin ta Umadevi, shekarun da aka yi a inuwar wannan umarni ba sa shiga lissafin shekara 10.

Idan an yi nasara ko an zauna sulhu

A karanta takardar tabbatarwa layi-layi kafin a sa hannu. Daga wace rana matsayin ya fara, ranar fara aiki ko ranar hukunci? Shekarun baya za su shiga lissafin fansho da girma a aiki, duka ko wani kaso? Akwai layin da ya ce an yafe bashin albashi? Me aka tanada wa wanda ya kai shekarun ritaya ko ya rasu ana cikin shari'a, iyalansa za su karɓi wani abu? A tabbatar sunan kowa, lambar gurbinsa da matakin albashinsa suna cikin jadawalin da aka liƙa wa hukuncin, kuma a kai yarjejeniyar sulhu kotu ta mayar da ita hukuncinta. Idan hukuma ta yi biris bayan wa'adin aiwatarwa ya cika, kotun da ta yanke hukuncin ake komawa a nemi tilastawa ko tuhumar raina kotu a kan jami'in da ke da alhakin sa hannu, da sunan muƙaminsa.